Ranar da Aka Kawo wa Kawu Sa-Hannu Takarda

Kawuna, yayan mahaifiyata, shekara talatin da huɗu ya yi yana masinja a kotu. Aikinsa kai sammaci da takardun umarni ga duk wanda alƙali yake nema, ya tabbatar takarda ta shiga hannun mai ita, sannan ya komo da shaida. Ba mai kiransa da sunansa na gaskiya. Sa-Hannu ake ce masa, don kafin ya amsa maka gaisuwa ya riga ya buɗe littafinsa ya miƙo maka biro yana cewa, "Sa hannu a nan tukuna, gaisuwa ba ta gudu."

Gajere ne, mai faɗin kafaɗa, kullum cikin kakin da ya sha guga har yana ƙyalli. Yana da wata baƙar jaka da ba mai taɓa ta a gidan, da keke wanda ya cire wa ƙararrawa tun ranar da ya saya. Ya ce ƙararrawa ta masu son a san sun iso ce, shi kuwa in aka san ya iso, to aiki ya ɓaci.

Muna yara, in ya zo gidanmu, labarin aikinsa muke roƙo. Akwai wani mai gyaran rediyo da ya hango shi ya haye bishiya. Kawu ya jingine keke, ya shimfiɗa jarida a gindin bishiyar, ya ci abincin ranarsa, ya ɗan kishingiɗa. Da yamma ta yi mutumin ya ce daga sama, "Don Allah malam, ba ka da iyali ne?" Kawu ya ce yana da su, kuma sun saba. Mutumin ya sauko ya sa hannu. Akwai kuma wanda ya rantse shi ba shi ba ne, ƙaninsa ne, kama ce kawai ta yi yawa. Kawu ya ce, "Madalla, ka hutar da ni. Ai ƙanin nake nema." Mutumin ya zabura ya ce, "Wallahi ni ne wan!" Kawu ya miƙa masa biro.

Ko matarsa, wadda muke kira Inna, a bakin aiki ya same ta. An aike shi ya kai wa mahaifinta sammaci kan rigimar iyakar fili. Ita ta fito ta ce Baba ya yi tafiya, alhali ga tarin Baba ana ji daga cikin ɗaki. Kawu bai yi musu ba. Kwana uku yana zuwa yana zama a ƙofar gidan, ita kuma tana kawo masa ruwa tana ƙara rantsuwa Baba bai dawo ba. A rana ta uku tsohon ya gaji da zaman ɗaki ya fito ya karɓa. Bayan shekara guda Kawu ya koma gidan da manyansa. Da tsohon ya leƙo ya gan shi sai ya ce, "Yau kuma wa ya kai ni ƙara?"

Abu ɗaya ne Kawu ba ya wasa da shi. Yakan ce umarnin kotu ba shawara ba ce, kuma wanda ya ji alƙali ya yi magana ya tsaya yana "amma", to ya fara shirya bargon kwana a gidan yari. Mutum nawa ya raka can saboda raina kotu, shi kaɗai ya san adadinsu, kuma bai taɓa jin tausayin ko ɗaya ba.

Da ya yi ritaya sai gida ya yi masa faɗi. Wata uku yana bin Inna daga kicin zuwa tsakar gida yana gyara mata yadda ake jera kwanuka, har ta ce ya nemi abin yi ko ita ta nema masa. Sai ya kira kafinta ya kafa masa rumfa a ƙofar gida: ginshiƙi huɗu, rufin kwano, benci biyu da ɗan tebur. Nan ya mayar ofis. Duk wanda aka kai ƙara a unguwa nan yake zuwa, Kawu ya sa tabarau ya karanta masa takarda, ya ce, "Ka je, ka yi abin da aka ce, kada ka yi gardama."

Sai dai kafintan ya karkata rufin zuwa hagu, a hagun kuwa shagon Mai Ɗinki yake. Dattijuwa ce da mijinta ya rasu, ta yi shekara ashirin tana ɗinki a wurin, ga ta da haƙuri amma in ta buɗe baki ba ta rufewa da wuri. Ruwan farko da aka yi, duk abin da ya sauka a kan rumfar Kawu sai ya zarce ta ƙofar shagonta. Ya jiƙa yadin mutane, ya shiga ƙarƙashin keken ɗinki, ya tafi da takalminta ɗaya.

Da safe ta zo ta gaishe shi, ta ce, "Malam, rumfarka tana yi mini ɓarna. A ɗan juya rufin mana."

Kawu ya dube ta ta saman tabarau ya ce, "A rubuce kika kawo?"

"Me zan rubuta? Ga shagon can, tashi ka gani."

"Ni abin da ba a rubuce yake ba, ban san da shi ba."

Maƙwabta suka sa baki, Inna ta yi magana har sau uku, Kawu ya yi kunnen uwar shegu. Da aka yi ruwa na biyu, Mai Ɗinki ta rufe shago ta nufi kotu.

Sammacin farko da dariya ya karɓe shi. Ya ce an kai kifi ƙara wurin ruwa. Ranar zaman ya shiga harabar kotu yana ɗaga hannu, akawu na gaishe shi, mai shara na gaishe shi. Abin da bai sani ba, an canja alƙali. Wata mace aka kawo bayan ya bar aiki, ba ta san shi ba, ba ta kuma nuna tana marmarin saninsa ba. Ya yi minti ashirin yana ba ta tarihin alƙalai tara da ya yi aiki da su. Ta saurara, ta duba hotunan shagon, ta ce ya ɗauke rumfar daga inda take cikin kwana goma sha huɗu.

A hanyar gida na ce masa, "Kawu, sai a kira kafinta ko?"

Ya ce, "Kai yaro ne. Maganar baki iska ce. Kwanakin ba sa fara ƙirguwa sai takardar umarni ta shiga hannuna. Bari mu ga wanda zai sa ta a hannun nan."

Ashe wanzami ba ya son jarfa.

Wanda aka ba aikin kawo takardar shi ne Dogo, abokin aikinsa na shekara ashirin, wanda saura masa shekara guda ya yi ritaya, ga ciwon gwiwa. Tun daga ranar Kawu ya daina fita. Rumfar da ake rigima a kanta ya bar ta, ya shige ɗaki ya sa sakata. Dogo kuwa kullum da hantsi sai ya iso, ya zauna a rumfar, ya miƙe ƙafa a benci, Inna ta kawo masa shayi. Tagar ɗakin Kawu tana kallon rumfar, don haka ta nan suke hira.

"Sa-Hannu, ashe rumfar nan akwai iska."

"Sauke ƙafarka daga bencina."

"Fito ka sauke ta."

Dogo ya gwada duk dabarar da ya sani. Ya naɗe takardar cikin jarida ya miƙa ta taga, Kawu ya soke hannuwansa a hammata ya ce, "Ni na koya maka wannan, shekarar da aka yi wa kotu fenti." Dogo ya sa aka yi ihu a waje wai keken Kawu ya faɗa kwata, Kawu ya ce a bar shi ya sha ruwa. Dogo ya ce masa tsofaffin ma'aikata suna taro ana nemansa ya yi jawabi. Wannan ta kusa kama shi, don Inna ta ce har ya ɗauko hula, sai ya tsaya ya yi murmushi ya mayar da ita kan ƙusa.

Ana nan har kwana shida. Dogo ya koma ya shaida wa alƙali cewa wanda ake nema yana ɓuya. Ta ba da izini a liƙa takardar a ƙofar gidansa, hakan ya wadatar. Kawu ya san da wannan hanyar, shi da ya liƙa ɗaruruwa. Don haka da sassafe ya ɗauko sukudireba ya kwance ƙofar gidan ɗungurungum, ya ja ta bayan kicin ya rufe da tsohuwar tabarma.

Dogo ya iso da takarda da kwalbar gam, ya tsaya yana kallon wawakeken gurbi.

"Sa-Hannu, ina ƙofar?"

Daga ɗaki Kawu ya ce, "Me takardarka ta ce?"

"A liƙa a ƙofa."

"To liƙa."

Dogo ya zauna a benci ya yi dariya har da hawaye, sannan ya ce wallahi shi bai san abin da zai rubuta a rahoto ba.

Kwana uku gidan ba ƙofa. Kajin unguwa suka gane hanya. Akuyar wani ta shigo ta cinye rabin shanyar Inna. Masu wucewa suna leƙe suna gaishe ta tana tsakar wanke-wanke. A rana ta uku wani mai tallar bokiti ya shigo har tsakar gida yana tsammanin lungu ne mai ɓullewa. Inna ta jira Dogo ya iso, ta ajiye masa shayinsa, ta zagaya bayan kicin. Sai ga ta tana jan ƙofa, ƙiiii, har bakin gida. Ta tayar da ita a gurbinta, ta tokare da kafaɗa, ta ce, "Malam Dogo, ga ƙofa. Liƙa."

Kawu ya leƙo ta taga ya ce, "Ke! Da hannunki?"

Ta ce, "Na ɓoye uba ina yarinya, ka ga inda abin ya kai ni. Ba zan ɓoye miji da furfura ba."

Dogo ya shafa gam ya manna, ya daddanna kusurwa huɗu, ya rubuta lokaci.

Mun ɗauka magana ta ƙare, ashe da saura. Kawu ya karanta takardar sau biyar, ya ja layi a ƙarƙashin kalmomin "daga inda take". A rana ta goma sha uku ya kira kafinta, aka tono ginshiƙan nan huɗu, aka matsar da rumfa taki ɗaya, aka sake kafawa. Ya auna da igiya, ya sa kafinta ya shaida cewa yanzu ba a inda take take ba. Rufin dai yana nan a karkace zuwa hagu. Da aka sake ruwa, maimakon ya shiga ta ƙofar shagon, sai ya shiga ta taga, daidai kan teburin yanka.

Mai Ɗinki ba ta ko zo gidan ba. Bayan mako guda aka kawo takarda ta uku, cewa ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a hukunta shi saboda raina kotu. Wannan karon Dogo da 'yan sanda biyu ya zo. Kawu ya dubi 'yan sandan, ya dubi ƙofar da aka mayar da sababbin ƙusoshi, ya karɓi biro. Dogo ya ce ya so a ce an ɗauki hoto.

Ranar zaman na raka shi. Ya sa tsohon kakinsa, Inna ta goge masa duk da fushin da take yi. Da alƙali ta shigo, kafin ma'aikacin da ke bakin ƙofa ya buɗe baki, Kawu ya daka tsawa, "Kotuuu!" Kowa ya miƙe zumbur. Ta dube shi ta ce, "Na gode. Shiga akwati."

Shekara talatin da huɗu yana nuna wa mutane akwatin nan da yatsa, bai taɓa shiga ba. Da ya shiga sai katakon ya kai masa har ƙirji, kansa kawai ake gani da tabarau.

Ya yi bayaninsa dalla-dalla, ya fito da igiyar awo, ya ce an ce a ɗauke daga inda take, kuma an ɗauke. Lauyan Mai Ɗinki ya tashi zai yi magana, alƙali ta ɗaga masa hannu. Ta ce, "Baba, an ce ka daɗe a aikin nan."

"Talatin da huɗu, ranki ya daɗe. Ba a taɓa mayar mini da rahoto ba."

"An taɓa aiken ka ka dubo ko an bi umarni?"

"Ba adadi."

"To yau na aike ka. Ga umarni, ga hotunan rumfa, ga na shago. Ka manta ka san mai rumfar. Ba ni rahoto."

Aka miƙa masa. Ya gyara tabarau, ya miƙe ƙirji, ya duba hoto na ɗaya, ya duba na biyu. Na ga leɓensa yana motsi. Can sai ya yi gyaran murya, da irin muryar da yake karanta rahoto ya ce, "Ranki ya daɗe, na je na gani. Wanda ake ƙara bai bi umarni ba. Wayo ya yi."

"Me kake ba da shawara?"

Ya ce, "Irinsu, ranki ya daɗe, in ba su ga ɗaki ba ba sa ji."

Dariya ta ɓarke har ɗan sandan da ke tsaye sai da ya juya baya. Mai Ɗinki ta rufe fuska da gyale kafaɗunta na rawa. Alƙali ta buga tebur, ita ma tana cije leɓe. Ta ce kotu ta karɓi rahoton. Saboda shekarunsa ba za ta aika shi gidan yari ba, amma zai zauna a ɗakin tsare masu laifi na kotu har a tashi aiki, kuma ta ba shi kwana uku ya rushe rumfar, ya dawo ya nemi afuwa. In ya sake auna wani abu da igiya, wata guda ne.

Dogo ne ya raka shi. A bakin ɗakin Kawu ya ce masa, "Ba haka ake riƙe hannun mai laifi ba," ya gyara masa riƙon.

Awa biyar ya yi a ciki, shi da wani direba da ya ƙi kawo mota shaida, da wani mai gidan haya da ya cire wa ɗan haya rufi bayan an hana shi. Na kai masa ruwa da rana, na same shi ta tsakanin ƙarafa yana yi musu nasiha cewa umarnin kotu ba abin wasa ba ne. Direban ya ce, "To Baba, kai me ya kawo ka?" Kawu ya ce, "Ba kai nake wa magana ba." Da ƙarfe huɗu aka buɗe, ya fito yana dafe da bayan wandonsa. Wata ƙusa a bencin ɗakin ta yage masa kaki tun daga aljihu har cinya. A tasi muka koma, yana zaune a karkace.

Washegari da kansa ya hau tsani ya fara cire kwano, kafinta na riƙe masa. A rana ta uku ya koma kotu ya nemi afuwa cikin jimla ɗaya, ya kuma miƙa rahoton rushewar kwafi uku, ko da yake ba wanda ya nema.

Wandon kuwa, Inna ta ce idonta ba ya ganin ramin allura, kuma duk layin tela ɗaya ce. Kwana biyu yana ajiye a kan kujera. A na uku ya naɗe shi a jarida ya fita. Mai Ɗinki ta karɓa, ta ɗaga shi sama ta duba yagewar da kyau, ta ce, "Malam, a ina haka?" Ya ce, "A wurin aiki." Ta ɗinke masa ba ta ƙara tambaya ba, ta kuma jawo masa kujera ya zauna ya jira, tunda yanzu ba shi da inuwa a ƙofar gida.

A danginmu ba a cewa an tsare Kawu. In zancen ya taso, cewa ake "ranar da Kawu ya je duba aiki", don haka shi yake faɗa. Kuma bai bar abin a baki ba. Ya zauna ya rubuta wa magatakardan kotu wasiƙa shafi biyu, cewa a ziyarar da ya kai ɗakin tsare masu laifi ya lura benci yana da ƙusa, taga ba ta buɗuwa, bokitin ruwa kuma yana yoyo. Bayan wata biyu amsa ta zo, an gode masa, an ce an gyara benci da bokiti, taga tana jiran kafinta.

Yanzu shekararsa saba'in da tara. Gwiwa ta hana shi hawa keke, amma duk farkon wata sai ya sa a kira masa tasi, ya je kotu ya tambayi maganar taga.